TARIHI: Super Falcons, daga 1991 zuwa kofi na goma da bashin alawus da ya ƙi ƙarewa

Super Falcons ita ce babbar tawagar ƙwallon ƙafa ta mata ta Najeriya, wadda ke ƙarƙashin kulawar Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta Najeriya, NFF. Babu wata tawagar ƙasa a Afrika, ta maza ko ta mata, da ta kama ƙafarta wajen yawan kofunan nahiya. Daga 1998 zuwa 2025 an buga Gasar Cin Kofin Afrika ta Mata sau 13, Najeriya ta ɗauki 10 daga ciki, kuma ba ta taɓa kaiwa wasan ƙarshe ta faɗi ba. Masar, wadda ta fi kowa a ɓangaren maza, kofi bakwai take da shi.

Ita ce kaɗai tawagar Afrika da ta halarci dukkan Gasar Cin Kofin Duniya ta Mata tara da aka yi tun 1991. Ƙasashe shida ne kacal suke da irin wannan tarihi tare da ita: Amurka, Jamus, Norway, Sweden, Brazil da Japan.

Sai dai tarihin tawagar yana da shafi na biyu da ba ya rabuwa da na farko. Sau uku 'yan wasanta suna ƙin fita daga otal bayan kammala gasa saboda ba a biya su haƙƙinsu ba, biyu daga ciki kuwa da kofi a hannunsu. Wanda zai fahimci dalilin da ya sa tawagar ta gagari Afrika amma ta kasa wuce inda ta kai a duniya tun 1999, sai ya karanta shafukan biyu tare.

Tushen ƙwallon mata a Najeriya

Hukuma ba ita ta fara ƙwallon mata a Najeriya ba. A zamanin mulkin mallaka, harkar ƙwallon ƙafa a ƙasar tana bin tsarin Ingila ne, inda hukumar ƙwallo ta can ta hana mata wasa a filayen ƙungiyoyinta tun 1921, ba ta janye dokar ba sai bayan shekara 50. Don haka wasannin mata da aka riƙa yi nan da can a garuruwan kudu ba su wuce na nishaɗi ba.

A ƙarshen shekarun 1970 ne wasu masu zaman kansu suka fara kafa ƙungiyoyin mata da kuɗin aljihunsu, suka kuma haɗa kai a ƙungiya guda don shirya gasa. Daga cikin ƙungiyoyin da suka yi fice akwai Jegede Babes ta Legas, wadda Gimbiya Bola Jegede ta kafa, da Ufuoma Babes ta Warri, da Larry Angels ta Fatakwal wadda daga baya ta zama Rivers Angels. Su ne suke nemo yara mata daga makarantu da unguwanni, su ba su masauki da abinci da kayan wasa, su kuma lallashi iyayen da ba sa so.

Hukumar ƙwallo, wadda a lokacin ake kira NFA, ta shigo cikin lamarin ne a 1990, lokacin da ta shirya gasar ƙasa ta farko. Shekara guda bayan haka FIFA za ta gudanar da Gasar Duniya ta Mata ta farko a China, kuma an ware wa Afrika gurbi ɗaya. Daga waɗancan ƙungiyoyi aka tsamo tawagar ƙasa ta farko. Wannan tazara ta shekara goma da Najeriya ta ba sauran ƙasashen nahiyar, a lokacin da yawancinsu ba su da ko gasar cikin gida ta mata, ita ce asalin fifikon da ta daɗe tana cin gajiyarsa.

Matakin farko: 1991 da 1995

Wasan farko na tawagar shi ne wanda ta doke Ghana da ci 5-1 a Legas ranar 16 ga Fabrairu, 1991. Ta ci gaba ta fitar da Guinea, sannan ta doke Kamaru gida da waje a zagayen ƙarshe, jimilla 6-0, ta karɓi gurbin Afrika. A 1995 ma haka aka yi: ta haɗu da Afrika ta Kudu a zagayen ƙarshe, ta cinye ta 4-1 da 7-1.

A nan ne ake samun saɓani wajen ƙidayar kofuna. Gasannin 1991 da 1995 wasannin gida da waje ne na neman gurbin Gasar Duniya, ba a tara ƙasashe wuri guda ba. Masu haɗawa da su suna cewa Najeriya na da kofi 12. Hukumar Ƙwallon Ƙafa ta Afrika, CAF, da NFF suna fara ƙidaya ne daga 1998, shi ya sa ake kiran na 2025 kofi na goma.

Fita waje ta nuna wa tawagar iyakarta. A China, ƙarƙashin kocin ƙasar Holland Jo Bonfrere, ta sha kashi a hannun Jamus 4-0, Italiya 1-0 da Taiwan 2-0, ta dawo ba ta ci ƙwallo ko ɗaya ba. Cikin tawagar akwai Chioma Ajunwa, wadda ta koma wasan tsalle-tsalle har ta ciyo wa Najeriya lambar zinare a dogon tsalle a Olamfik ta Atlanta a 1996. A Sweden a 1995, ƙarƙashin Paul Hamilton, Norway ta lallasa ta 8-0, amma ta yi canjaras 3-3 da Kanada, inda Rita Nwadike ta ci wa Najeriya ƙwallonta ta farko a Gasar Duniya, sannan Ingila ta doke ta da ƙyar 3-2.

Isma'ila Mabo da shekarar 1999

Zamanin da har yau ake auna kowace tawagar Falcons da shi shi ne na marigayi Isma'ila Mabo, haifaffen Jos kuma tsohon ɗan wasan baya na Mighty Jets. Shi ya jagorance su a gasar Afrika ta 1998 da aka buga a Kaduna da Abeokuta, inda suka zura ƙwallo 28 a wasa biyar ba a zura musu ko ɗaya ba, suka rufe da doke Ghana 2-0.

A Gasar Duniya ta 1999 a Amurka, tawagar Mabo, wadda Florence Omagbemi ke yi wa kyaftin, ta doke Koriya ta Arewa 2-1, nasarar farko da Najeriya ta samu a gasar. A wasa na biyu a Chicago, Nkiru Okosieme ta jefa wa masu masaukin baƙi ƙwallo cikin minti biyu da farawa, amma Amurka ta farfaɗo ta ci 7-1. Najeriya ta doke Denmark 2-0 ta shiga zagayen 'yan takwas.

Wasan da Brazil ranar 1 ga Yuli, 1999 yana cikin waɗanda ba a mantawa a tarihin gasar. Kafin hutun rabin lokaci Brazil ta ci uku. Bayan an dawo Prisca Emeafu da Okosieme da Nkechi Egbe suka farke dukkansu, aka tafi ƙarin lokaci. A lokacin ana aiki da dokar da ta ce duk wanda ya fara ci a ƙarin lokaci shi ya yi nasara, sai Sissi ta Brazil ta buga bugun tazara ta shiga, wasa ya tashi 4-3. Har yanzu babu wata ƙasar Afrika da ta sake kaiwa zagayen 'yan takwas a Gasar Duniya ta Mata, ko da yake a wancan lokaci ƙasashe 16 ne ke gasar, daga rukuni sai 'yan takwas kai-tsaye. Mabo ya rasu a Maris 2023.

Wasannin ƙarshe goma na Afrika

1998, Abeokuta: Najeriya 2-0 Ghana.

2000, Afrika ta Kudu: Najeriya 2-0 Afrika ta Kudu. Ba a ƙarasa wasan ba, domin 'yan kallo sun yi ta jifa cikin fili bayan ƙwallo ta biyu, aka tsayar da shi aka ba Najeriya kofi.

2002, Warri: Najeriya 2-0 Ghana. A wannan gasa ce Ghana ta doke Najeriya 1-0 a wasan rukuni, karo na farko da wata ƙasar Afrika ta yi nasara a kan Falcons.

2004, Johannesburg: Najeriya 5-0 Kamaru. Perpetua Nkwocha ita kaɗai ta ci huɗu.

2006, Warri: Najeriya 1-0 Ghana.

2010, Afrika ta Kudu: Najeriya 4-2 Equatorial Guinea, ƙarƙashin Eucharia Uche, mace ta farko da ta ɗauki kofin a matsayin kocin tawagar. Nkwocha ta ci ƙwallo 11 a gasar.

2014, Windhoek: Najeriya 2-0 Kamaru. Desire Oparanozie da Asisat Oshoala suka ci.

2016, Yaounde: Najeriya 1-0 Kamaru, a gaban magoya bayan masu gida. Oparanozie ta ci ana daf da tashi. Kocin ita ce Omagbemi, wadda ta taɓa ɗaga kofin tana kyaftin.

2018, Accra: Najeriya 0-0 Afrika ta Kudu, aka yi bugun fenariti Najeriya ta ci 4-3, ƙarƙashin kocin ƙasar Sweden Thomas Dennerby.

2025, Rabat: Najeriya 3-2 Maroko. Gasar ta 2024 ce aka ɗage zuwa Yulin 2025.

Ban da waɗannan, tawagar ta ci lambar zinare a Wasannin Afrika na 2003 a Abuja da na 2007 a Aljeriya.

Sau ukun da kofi ya kuɓuce

A 2008 Equatorial Guinea, wadda ta karɓi baƙuncin gasar, ta fitar da Najeriya 1-0 a wasan kusa da na ƙarshe, ta kuma ɗauki kofin. Najeriya ta zo ta uku. A 2012, a ƙasar dai, Afrika ta Kudu ce ta fitar da ita 1-0, Kamaru ta hana ta matsayi na uku. Ba a yi gasar 2020 ba saboda annobar korona.

Faɗuwar 2022 ta fi sauran nuna yadda nahiyar ta canza. Tun a Satumban 2021 Afrika ta Kudu ta zo har Legas ta doke Falcons 4-2 a gasar kofin Aisha Buhari. A Maroko ta sake doke su 2-1 a wasan farko. A wasan kusa da na ƙarshe a Rabat, gaban 'yan kallo sama da 45,000, an ba Halimatu Ayinde da Rasheedat Ajibade jan kati, Najeriya ta ƙarasa wasan da ƙarin lokacinsa da 'yan wasa tara, aka tashi 1-1, Maroko ta wuce a bugun fenariti. Zambiya ta doke ta 1-0 a neman na uku, Afrika ta Kudu ta ɗauki kofinta na farko.

Alƙaluman Gasar Duniya

A gasa tara, Najeriya ta buga wasa 30. Ta ci biyar, ta yi canjaras shida, an doke ta a 19. Ta zura ƙwallo 23, an zura mata 65. Sau uku ta fita daga rukuni: 1999, 2019 da 2023.

Shekarun da suka biyo bayan 1999 na koma-baya ne. A 2003 ta faɗi dukkan wasanninta uku a hannun Koriya ta Arewa da Amurka da Sweden, aka zura mata 11 ba ta rama ko ɗaya ba. A 2007 maki ɗaya ta samu, daga kunnen doki 1-1 da Sweden. A 2011 Faransa da Jamus kowace ta doke ta 1-0, ita kuma ta doke Kanada 1-0. A 2015 ta yi 3-3 da Sweden, sannan Ostireliya da Amurka suka sallame ta. A 2019 nasarar 2-0 a kan Koriya ta Kudu ta isa ta kai ta zagayen 'yan 16, inda Jamus ta cire ta da ci 3-0.

Gasar 2023 a Ostireliya da New Zealand ita ce mafi kyau tun zamanin Mabo. Ƙarƙashin kocin Amurka Randy Waldrum, tawagar ta riƙe Kanada, zakarar Olamfik a lokacin, 0-0, bayan mai tsaron raga Chiamaka Nnadozie ta tare fenaritin Christine Sinclair. Ta doke Ostireliya mai masaukin baƙi 3-2 a Brisbane da ƙwallayen Uchenna Kanu da Osinachi Ohale da Oshoala, ta yi 0-0 da Ireland. Ranar 7 ga Agusta ta haɗu da Ingila, zakarar Turai. An kori Lauren James ta Ingila saboda ta taka Michelle Alozie, aka shafe minti 120 babu ci, Ingila ta wuce 4-2 a fenariti. Najeriya ta bar gasar ba tare da an doke ta cikin fili ba, kuma ƙwallo biyu kawai aka zura mata a wasa huɗu.

Olamfik

Najeriya ta halarci ƙwallon mata na Olamfik sau huɗu. A Sydney a 2000 ta faɗi wasanni uku, kowanne da ci 3-1. A Athens a 2004 ta doke Japan 1-0, ta kai zagayen 'yan takwas, Jamus ta fitar da ita 2-1. A Beijing a 2008 ta sake faɗuwa a dukkan wasanni uku. Daga nan ta yi shekara 16 ba ta je ba: Kamaru ta hana ta zuwa na 2012, Equatorial Guinea ta hana ta na 2016, Kwaddibuwa ta hana ta na Tokyo. Ta dawo a Paris a 2024 bayan ta fitar da Afrika ta Kudu da ƙwallo ɗaya tilo da Ajibade ta ci a Abuja, amma Brazil da Sifaniya kowace ta doke ta 1-0, Japan kuma 3-1. Nasarar 2004 a kan Japan ita kaɗai ce Najeriya ke da ita a Olamfik.

Taurarin da suka ɗauki tawagar

Lokacin da CAF ta fara ba da kyautar gwarzuwar 'yar wasan Afrika a 2001, Mercy Akide ce ta karɓa. Perpetua Nkwocha ta karɓa sau huɗu (2004, 2005, 2010, 2011), Cynthia Uwak sau biyu (2006, 2007), sai Asisat Oshoala sau shida (2014, 2016, 2017, 2019, 2022, 2023), adadin da babu wanda ya kai shi a maza ko mata.

Oshoala ta fito ne daga Gasar Duniya ta 'yan ƙasa da shekara 20 ta 2014, inda ta zama wadda ta fi kowa cin ƙwallo kuma gwarzuwar gasar, duk da cewa Jamus ta doke Najeriya a wasan ƙarshe kamar yadda ta yi a 2010. Ta buga wa Liverpool da Arsenal, ta je China, sannan Barcelona, inda a 2021 ta zama macen Afrika ta farko da ta ɗauki Kofin Zakarun Turai. Ita ce 'yar Afrika ta farko da ta ci ƙwallo a Gasar Duniya uku. 'Yar wasan baya Onome Ebi kuwa ta buga Gasar Duniya shida, daga 2003 zuwa 2023. Nnadozie ta karɓi kyautar mai tsaron ragar da ta fi kowa a Afrika a 2023 da 2024.

A 'yan shekarun nan an ƙara dogaro da 'yan asalin Najeriya da aka haifa ko suka tashi a waje, irin su Alozie da Toni Payne da Ifeoma Onumonu daga Amurka, Ashleigh Plumptre daga Ingila, da Jennifer Echegini wadda aka haifa a Holland. Sun ƙarfafa tawagar ƙwarai, amma ba Najeriya ce ta raine su a harkar ba.

Zaman dirshan da bashin alawus

Karo na farko da rikicin kuɗi ya fito fili shi ne 2004. Bayan doke Kamaru 5-0, 'yan wasan sun ƙi barin otal ɗinsu a Afrika ta Kudu har sai an biya su ladan wasa. Kocinsu na lokacin, Godwin Izilein, ya shafe shekaru yana kokawa a jaridu cewa nasa haƙƙin bai zo hannunsa ba.

A Disamban 2016, bayan sun dawo da kofi daga Yaounde, sun yi zaman dirshan na kusan mako biyu a wani otal a Abuja, suka ƙi miƙa kofin, daga baya suka yi tattaki da kwalaye zuwa Majalisar Tarayya. Ministan wasanni na lokacin, Solomon Dalung, ya jawo wa kansa suka da ya nuna cewa ba a yi zaton za su ci kofin ba, shi ya sa ba a tanadi kuɗin ba. Sai da gwamnatin Muhammadu Buhari ta ba da umarnin sakin kuɗi kafin su watse. Omagbemi kanta ta yi watanni ba albashi, kuma ba a sabunta mata kwantiragi ba.

Abin da ya biyo baya ya fi rashin biyan kuɗin illa. Zakarun Afrika sun shafe shekarar 2017 gaba ɗaya ba su buga wasa ko ɗaya ba. Da suka fita wasan sada zumunta da Faransa a Afrilun 2018, an doke su 8-0, daidai da kashin da suka sha a hannun Jamus a 2010 da Norway a 1995. Tawagar da ke haɗuwa 'yan makonni kafin gasa tana iya cin Afrika da ƙwarewar ɗaiɗaikun 'yan wasanta; a gaban ƙasashen da ke wasa a kowane lokacin da FIFA ta ware, hakan ba ya isa.

A 2019 an sake zaman otal a Faransa bayan Jamus ta fitar da su, kan bashin da ya haɗa da na wasannin da suka buga da Senegal da Gambiya tun shekarun baya. Ba a jima ba aka karɓe kyaftin daga hannun Oparanozie, wadda ta fito fili ta nemi a riƙa biyan mata daidai da maza. A 2022 sun ƙaurace wa atisaye a Maroko kafin wasan neman na uku. Ana daf da gasar 2023, Waldrum ya zargi NFF da riƙe masa albashin watanni, ya kuma nemi a yi bayanin yadda aka kashe dala 960,000 da FIFA ta bayar don shirye-shirye. Hukumar ta mayar masa da martani mai zafi. Kwana guda bayan wasan Ingila, ƙungiyar 'yan ƙwallo ta duniya, FIFPRO, ta sanar cewa tana taimaka wa 'yan wasan karɓar basussukan da wasu suka faro tun 2021. A gasar ce FIFA ta fara ware wa kowace 'yar wasa kasonta, dala 60,000 ga waɗanda suka kai zagayen 'yan 16.

Shugabannin hukumar sun sha canzawa a cikin waɗannan shekaru 20, gwamnatoci ma haka, amma salon bai canza ba: NFF ta ce tana jiran gwamnati ta saki kuɗi, gwamnati ta motsa bayan abin ya zama abin kunya.

Gasar cikin gida da matsayin Arewa

Gasar lig ta mata, wadda ta haifi tawagar, mafi yawan ƙungiyoyinta yanzu mallakar gwamnatocin jihohi ne: Rivers Angels, Bayelsa Queens, Delta Queens, Edo Queens da sauransu. Tun da CAF ta fara Gasar Zakarun Afrika ta ƙungiyoyin mata a 2021, babu ƙungiyar Najeriya da ta ɗauka. Mamelodi Sundowns ta Afrika ta Kudu ta ci a 2021 da 2023, AS FAR ta Maroko a 2022, TP Mazembe ta Kongo a 2024. Mafi nisan da aka kai shi ne matsayi na uku da Bayelsa Queens ta samu a 2022.

Taswirar ƙungiyoyin tana nuna wani giɓin. Daga Arewa, waɗanda suka daɗe a babban rukuni su ne Nasarawa Amazons ta Lafiya, wadda ta taɓa ɗaukar kofin lig, da Confluence Queens ta Kogi da Adamawa Queens. Arewa maso Yamma, yankin da ya fi kowane yawan jama'a kuma yake cika filin Sani Abacha in Kano Pillars na wasa, kusan ba shi da wakilci. Iyaye da malamai da dama suna da ja kan sutura da cuɗanya da tafiye-tafiyen 'ya mace, kuma a farkon 2000 an ruwaito cewa hukumomin Zamfara sun hana wasan a jihar. Ga kuma ƙarancin filaye da masu horarwa mata a makarantun 'yan mata.

Duk da haka Arewa na da hannu a tarihin. Mabo ɗan Jos ne, Justine Madugu wanda ya ciyo kofi na goma ɗan Adamawa ne, Halimatu Ayinde wadda ta daɗe tana riƙe tsakiyar fili a Kaduna ta tashi. Batun sutura ma ya sauya a dokar wasan: tun 2014 aka amince mata su rufe kai a wasannin FIFA, kuma a 2023 Nouhaila Benzina ta Maroko ta zama ta farko da ta buga babbar Gasar Duniya da hijabi.

Kofi na goma da abin da ke gaba

Madugu ya karɓi tawagar bayan tafiyar Waldrum a 2024. A Maroko ta doke Tunisiya 3-0 da Botswana 1-0, ta yi 0-0 da Aljeriya, ta lallasa Zambiya 5-0 a zagayen 'yan takwas, sannan ta fitar da Afrika ta Kudu 2-1 da ƙwallon da Alozie ta ci ana shirin tashi. A wasan ƙarshe ranar Asabar 26 ga Yuli, 2025, Maroko ta tafi hutu tana gaba da ci biyu ta hannun Ghizlane Chebbak da Sanaa Mssoudy. Esther Okoronkwo ta rage ɗaya da fenariti, Folashade Ijamilusi ta farke, Echegini ta ci ta ukun a minti na 88. Ajibade ce gwarzuwar gasar, Nnadozie kuma mai tsaron ragar da ta fi kowa. CAF ta ba zakara dala miliyan ɗaya.

Da suka dawo Abuja, Shugaba Bola Tinubu ya ba su lambar girma ta OON, ya kuma yi wa kowace 'yar wasa alkawarin kwatankwacin dala 100,000 da gida mai ɗaki uku, masu horarwa kuma dala 50,000 kowanne. Kyauta ce mai tsoka, amma kyauta daban, albashi da alawus da jadawalin wasanni daban.

Ƙasar da suka doke a Rabat wata hanya ta bi. Tun 2020 hukumar ƙwallon Maroko ta ɗauki nauyin biyan albashi a rukuni biyu na lig ɗin mata, tawagarta kuma na atisaye a cibiyar Mohammed na Shida da aka buɗe a 2019. Ƙasar da Najeriya ta ci 8-0 a 1998 ta kai wasan ƙarshe na Afrika sau biyu a jere, ta kuma fita daga rukuni a Gasar Duniyarta ta farko a 2023, tare da Najeriya da Afrika ta Kudu. Gasar Afrika ta 2026 ita ce aka ware don raba guraben Gasar Duniya ta 2027 a Brazil, inda Falcons ke neman halarta karo na goma a jere.